Saura Gudu Uku a Kofin Awali

Malam Haladu ɗan Lurwanu, ɗan Sa'idu Mai-Rijiya, ɗan Adamu Bagobiri, an haife shi a ƙasar Zazzau cikin shekarar 1949. Kakansa Sa'idu mahaƙin rijiya ne. Mahaifinsa Lurwanu kuwa lebura ne a wata kwalejin gwamnati, inda aka danƙa masa kula da filin wasan kurket na ɗalibai. A wannan fili Haladu ya tashi. Bai taɓa zama a aji ba, amma kafin ya cika shekara ashirin ya san dokokin wasan fiye da malaman da ke koyar da shi, domin shi ke yin daɓen, shi ke ja masa farin layi, shi kuma ke tsayawa a gefe yana sauraron kowace gardama.

Ga wanda bai san wasan ba, bayaninsa a taƙaice shi ne: ana daɓe wani tsiri na ƙasa mai tsawon yadi ashirin da biyu, a kafa turaku uku a kowane ƙarshensa, a ɗora 'yan ƙananan itatuwa biyu a kansu. Mai jifa yana neman ya kayar da turakun da ƙwallo, mai bugu yana kare su da sanda mai faɗi. In ya buga ƙwallon ya yi nisa, sai ya ruga zuwa ɗaya ƙarshen, an sami gudu ɗaya ke nan. Jifa shida shi ne zubi ɗaya. In alƙali ya ɗaga yatsa, mai bugu ya fita. In kuwa ya sauke 'yan itatuwan nan ya sa a aljihu, wasan ranar ya tashi. Mai bugu da ya tara gudu ɗari kafin a fitar da shi ya yi abin da ake tunawa da shi.

Haladu ya zo aikin Hajji a 1981, ya sami wani dattijo mai gonar dabino a Awali, gefen garin Madina, ya zama kafilinsa mai tsaya masa wurin hukuma, ya yi masa iƙama, wato takardar zama da aiki. Ban ruwa aka ba shi. Bayan shekara huɗu ya kawo matarsa Raliya, suka zauna a ɗaki biyu da ke jikin katangar gonar. A nan aka haifa musu ɗan fari, Abdulsalam, a 1988, sai ƙanwarsa Bara'atu, wadda daga baya ta auri wani jikan alhazan dā mai takardar ɗan ƙasa, ta tare a unguwar Ranuna.

Ni na san shi a 2009, bayan na ajiye aikin makaranta na zo zama wurin ɗana. A wajen wata ta'aziyya aka ambata cewa akwai Bahaushe a Awali da ke yi wa 'yan Pakistan alƙalanci a wasansu. Da yake na koyi rubuta ƙidayar kurket tun ina ɗalibi, sai na nemi a kai ni. Daga wannan Juma'ar littafin ƙidayar ya dawo hannuna, saboda haka duk lambar da zan ambata a nan daga rubutuna na ɗauko ta.

Gasar sunanta Kofin Awali. Ƙungiyoyi shida ne na ma'aikata: biyu na 'yan Pakistan, ɗaya ta Indiyawa, ɗaya ta Bangalawa, ɗaya ta mutanen Sirilanka, sai ta gonakin Awali, wadda ta haɗa kowa. Wanda ya kafa ta wani direban tankar ruwa ne, Gulam Rasul, wanda a ƙuruciyarsa ya buga wasa uku a babbar gasar cikin gida ta ƙasarsu, irin wadda ake kwana huɗu ana wasa ɗaya. Wasa ukun nan su ne dukiyarsa a duniya. Saboda su ya ƙi yarda da gajeren wasan da samari ke yi a bakin titi. Ya ce fararen kaya za a sa, jan ƙwallo za a jefa, kowace ƙungiya ta yi bugu sau biyu. Da yake ma'aikaci ba shi da hutu sai Juma'a, sai aka raba kowane wasa gida biyu: a fara wannan Juma'a, a ƙarasa ta gaba.

Mai gonar ya ba su wani fili a kusurwar gabas, inda gishiri ya kashe ƙasa. Malam Haladu ya kawo jar laka daga kwari, ya cuɗa ta, ya daɓe, ya cika ganga da siminti ya zura mata ƙarfe ta zama abin murzawa. Kowace Alhamis da yamma yana yayyafa ruwa yana jan gangar nan har sau arba'in.

Dalilin da ya sa suka zaɓe shi alƙali ba ɓoyayye ba ne. Ɗan Pakistan ba ya yarda da yatsan Ba'indiye, Ba'indiye ba ya yarda da na Babangale, shi kuwa Malam Haladu ba shi da ƙasa a cikinsu. Abu ɗaya ne ya taɓa jawo magana: ɗansa Abdulsalam, wanda ya tashi cikin 'ya'yan 'yan Pakistan, ya zama babban mai bugun ƙungiyar Awali. Shugaban Indiyawa ya ce uba ba zai yi wa ɗansa alƙalanci ba. Gulam Rasul ya yi dariya har da buga cinya.

"Haji Haladu? Mutumin da ko sunan yaron ba ya iya faɗa? Wallahi ni yaron nake tausayi. Ku ku yi addu'a kada ya sauka."

Gaskiya ya faɗa. Malam Haladu mutumin dā ne, yana riƙe da alkunyar ɗan fari kamar yadda ya gada. Ba ya kiran sunansa, ba ya cin abinci kwano ɗaya da shi, ba ya yabonsa a gaban kowa. In zai yi maganarsa sai ya ce "yaron nan". Larabawan gonar kuwa, bisa tasu al'adar, Abu Abdulsalam suke kiransa, shi kuma ya amsa yana kallon ƙasa kamar wanda aka kama da laifi. A fili abin ya fi tsanani. Na duba littafina: a kakar 2013 sau uku ya ɗaga wa ɗansa yatsa a kan jifar da, in wani ne, da ya bar shi ya ci gaba.

Abdulsalam haihuwar Madina ne, bai san wannan al'ada a jikinsa ba. Yana jin Hausa sarai, amma rabin amsarsa Larabci ne. Mutum ne mai fara'a, dogo, mai gyaran na'urar sanyaya ɗaki a wani shago a unguwar Anbariyya. Ya mai da kunyar uban abin tsokana, ko da yake na sha ganin tsokanar ba ta kai masa zuci ba.

Akwai wata al'ada a gasar. Duk wanda ya yi gudu ɗari, alƙali zai ɗauki fenti ya rubuta sunansa a bangon ɗakin injin ruwa, sannan ya juyo ya karanta sunan da ƙarfi a gaban ƙungiyoyin biyu. Shekara shida ana gasar, sunaye huɗu ne kawai a bangon.

"Abuya," in ji Abdulsalam wata rana muna shan shayi lokacin hutun la'asar, "ranar da na yi ɗari, yaya za ka yi? Za ka rubuta 'yaron nan' a bango?"

Mutane suka kwashe da dariya. Malam Haladu ya kurɓi shayinsa.

"Ka fara yin ɗarin tukuna."

"Wallahi sai na yi. Kuma ba Hedimasta zai karanta ba," ya nuna ni, domin haka suke kirana, "kai za ka karanta, da bakinka, kowa yana ji."

"Hedimasta," in ji uban, ba tare da ya dubi ɗan ba, "gaya wa yaron nan ƙafarsa ta hagu tana makara."

Kakar 2013 ita ce mafi kyau da aka taɓa yi, ita ce kuma ta ƙarshe. An fara ta bayan Ƙaramar Salla, aka tsaya mako biyu saboda Hajji. Ƙungiyar Awali ta ci wasa uku, ta yi kunnen doki a ɗaya, ta faɗi ɗaya. Abdulsalam ya tara gudu ɗari huɗu da goma sha biyu kafin wasan ƙarshe, mafi yawansu a bugu ɗaya saba'in da ɗaya. Wasan ƙarshe ya haɗa Awali da ƙungiyar Gulam Rasul, aka sa ranar farko Juma'ar ƙarshe ta Zulhajji 1434, wadda ta zo daidai da ɗaya ga Nuwamba.

A kwanakin nan babu maganar da ake yi sai ta takardu. Hukuma ta ba da wa'adin watanni ga duk baƙon da zamansa bai daidaita ba ya gyara, wa'adin kuma zai cika ranar Lahadi. Abdulsalam yana cikin waɗanda abin ya shafa. Tun da ya wuce shekarun zama a kan iƙamar mahaifinsa yake neman kafili nasa, mai shagon da yake yi wa aiki kuma kullum sai ya ce gobe. Kowa ya san haka, har da uban.

Ranar, ƙungiyar Gulam Rasul ta fara bugu bayan asuba, aka fitar da su duka a kan ɗari da tamanin da takwas kafin a tashi zuwa masallaci. Bayan Juma'a Awali ta shiga. Mutum biyu suka fita da wuri, sai Abdulsalam ya shigo. Na ga bugu da yawa a rayuwata, amma ban ga irin na wannan yammacin ba. Bai yi gaggawa ba, bai ɗaga ƙwallo sama ba ko sau ɗaya. Da aka tsaya sallar la'asar yana da hamsin da huɗu. Da aka dawo sai ya saki hannu. Leburorin gonakin maƙwabta suka hau katanga suna kallo.

Dokar tashi daga wasa, wadda Malam Haladu da kansa ya kafa, ita ce: akwai wani dogon dabino a yammacin filin, in inuwarsa ta taɓa turaku, to zubin da ake ciki shi ne na ƙarshe. In kuwa zubi ya ƙare inuwar ba ta iso ba, dole a fara sabo, ko da saura faɗin yatsa ne. Shekara shida ba a taɓa saɓa wannan ba.

A jifa ta shida ta zubi na arba'in da ɗaya, Abdulsalam yana da casa'in da shida. Ya tura ƙwallon gefe ya ruga gudu ɗaya, da nufin shi zai fuskanci sabon zubin. Casa'in da bakwai. Dukanmu muka dubi ƙasa. Inuwar ba ta iso ba. Ina zaune kusa, na kuma tashi na je na tabbatar: saura tsawon tafin ƙafa biyu.

Malam Haladu shi ma ya duba. Ya dubi mutanen da ke kan katanga, ya dubi bangon ɗakin injin. Sai ya miƙa hannu ya sauke 'yan itatuwan nan biyu ya sa a aljihu.

"Sai Juma'a," in ji shi.

Wanda ya fara magana Gulam Rasul ne, shugaban abokan hamayya, wanda tashin ya fi yi wa amfani.

"Haji, akwai lokaci. Dubi inuwar. Zubi ɗaya, mu ba mu ƙi ba."

"Haske ya yi ƙasa."

"Wane haske? Ni da na tsufa ina ganin zaren ƙwallon!"

Abdulsalam ya tako har gaban ubansa, sandar tana hannunsa, gumi yana ɗiga daga haɓarsa.

"Abuya, lissa. Ba ta kai ba. Uku ne fa kawai."

Uban bai dube shi ba. Ya juyo wajena.

"Hedimasta, rubuta: casa'in da bakwai, bai fita ba. Za a ci gaba ranar Juma'a in Allah ya kai mu."

Na rubuta, na kuma ƙara a gefen shafin da fensir cewa an tashi kafin inuwa ta iso. Abdulsalam ya yi wata 'yar dariya, ya ce, "Tayyib, Abuya. Mako ɗaya ka samu na koyon sunan." Ya saɓa sandarsa ya fita.

Daga baya Bara'atu ta gaya mini cewa da labarin ya isa gida, mahaifiyarsu ta ajiye kwanon da ke hannunta ta ce, "Malam, me yaron nan ya yi maka?" Ya ce bai yi masa komai ba. Ya ce in da ya ba da zubin nan, gobe a ce Bahaushe ya ja rana saboda ɗansa. Ta ce, "Wa zai ce? Su da suke roƙonka?"

Ranar Talata masu binciken takardu suka shiga layin shagunan Anbariyya. Abdulsalam yana kan tsani yana kwance wata na'ura. Bayan mako uku aka sa shi a jirgi zuwa Kano, da hatimin da ya hana shi dawowa. Shekararsa ashirin da biyar, bai taɓa taka Nijeriya ba.

Juma'ar da za a ƙarasa wasan, Malam Haladu ya murza daɓen, ya ja layi, ya kafa turaku. Cikin 'yan wasa ashirin da biyu, tara ne suka zo. Wasu an tafi da su, wasu sun ɓuya, wasu sun tattara da kansu. Muka zauna har la'asar. Gulam Rasul ya ce a rubuta kunnen doki a rufe littafi. Malam Haladu ya ce ba a rufe wasa mai bugu yana ciki. Sai na rubuta: ba a kammala ba. Kofin, wani ɗan ƙaramin abu na tagulla, ya zauna a kan injin ruwa har ya yi kore. Shekarar da ta biyo Gulam Rasul ya koma ƙasarsu, gasar ba ta sake tashi ba.

Abdulsalam ya gangara Zariya wurin dangin uban, waɗanda bai taɓa gani ba. Sun karɓe shi gwargwadon hali. Yaran unguwa suna kwaikwayon Hausarsa suna kiransa Takari. Ya buɗe ɗan wurin gyaran firji, ya auri wata yarinya mai suna Nadiya, suka sami 'ya, Hibatullah. Yana aiko da saƙon murya ta wayar Bara'atu, ita kuma ta kawo gonar ta kunna wa uban. Kowane saƙo da kalma ɗaya yake ƙarewa.

"Abuya, saura uku."

Da fari cikin dariya yake faɗa. Wata rana ya ce ya je ya nemo kwalejin da kakansa ya yi aiki. Filin yana nan, sai dai ƙwallon ƙafa ake yi a kai, awaki suna kiwo a gefe. "Na ga inda daɓen yake, Abuya, ciyawa ba ta kama wurin sosai ba. Ka zo ka tsaya, in sami wanda zai jefo mini. Minti biyar ya ishe mu." Malam Haladu ya saurara har ƙarshe, ya sa aka maimaita, sannan ya ce da Bara'atu, "Ki ce ina gaishe shi. Ki ce ya riƙe salla."

A shekarar farko da zai iya zuwa ya dawo, Raliya ce ta kwanta ciwo. A 2015 dattijon mai gonar ya rasu, magada suka shiga rigimar rabo, babu wanda ya ɗauki nauyin sabunta iƙamar tsohon mai ban ruwa, babu kuma wanda ya kore shi. Daga nan lissafin ya zama ɗaya tak: in ya fita daga ƙasar, ya fita ke nan. Ba wanda zai ba mai shekara kusan saba'in bizar aiki.

Raliya ta rasu a 2016. Aka yi mata salla a Harami bayan la'asar, aka kai ta Baƙi'a. Ina kusa da shi lokacin da muke fitowa daga maƙabartar. Ya tsaya a ƙofa ya waiwaya, ya ce, "Hedimasta, shekara talatin da biyar ina shayar da dabinon garin nan. Ba na roƙon Allah komai sai kamu huɗu a cikin wannan ƙasa." Duk wanda ya zauna a Madina ya san wannan buri, ni ma ina da shi, ba zan kuma ce laifi ba ne. Mutane suna sayar da gonakin gado su zo su jira shi.

A 2017 hukuma ta sake buɗe ƙofa ga masu son fita ba tare da hukunci ba. Na same shi a bakin daɓen, na ce masa, "Malam Haladu, ga dama. Yaron nan yana da 'ya yanzu, ba ka gan ta ba." Ya ce sai an gama girbin dabino. Da aka gama, ya ce sai an gama barbara. Wa'adin ya wuce.

Duk tsawon shekarun nan bai bar daɓen ya mutu ba. Sauran filin ya koma juji, an zubar da ganyen dabino da fasassun bututu, amma tsirin nan na yadi ashirin da biyu yana nan sumul. Kowace Alhamis yana tara ruwan da ke ɗiga daga injin ya yayyafa, ya ja gangar. Da ƙarfi ya ragu, sau arba'in ya koma ashirin, ya koma goma. 'Yan itatuwan nan biyu suna cikin gwangwanin shayi a ƙarƙashin matashinsa. Sababbin leburori, waɗanda ba su san labarin ba, sun ɗauka wurin sallarsa ne, suna kewaye shi.

Saƙonnin suka riƙa raguwa. Dariyar ta fita daga cikinsu. Sai ga wani a ƙarshen 2022, ba muryar Abdulsalam ba, ta matarsa.

"Baba, Nadiya ce. Ciwon ƙoda ne, suna yi masa wankin jini sau biyu a mako. Ba ya so in gaya maka. Baba, yana yawan kiranka."

Wannan karon ya haɗa jaka. Na gan ta da idona a bakin ƙofa, da gwangwanin shayin a sama. Mijin Bara'atu ya fara bin hanyar takardar fita. Ana cikin haka sai sanyin ƙirji ya kayar da Malam Haladu, ya yi kwana goma sha biyu ba ya tashi. Da na je duba shi, na tarar an mai da jakar ƙarƙashin gado. Bai ɓoye mini ba.

"Hedimasta, ina jin lokacin ne ya zo. In na hau jirgi yanzu, a can zai same ni. Saura ƙiris. Bari in ga abin da Allah zai yi."

"Shi kuma fa?"

"Yaro ne. Zai tashi."

Na yi shiru, kuma har yau ina tuhumar kaina da wannan shirun.

Malam Haladu ya warke. Abdulsalam ya rasu a watan Rajab, cikin Fabrairun 2023, yana da shekara talatin da huɗu. An binne shi a wata maƙabarta a bayan garin Zariya. Saƙonsa na ƙarshe gajere ne, muryar ba ta fita sosai. Ya gaishe da uban, ya ce ya yafe wa kowa, ya nemi a yafe masa. Bai ambaci ukun ba.

An yi zaman makoki kwana uku a gidan Bara'atu a Ranuna. Malam Haladu ya karɓi gaisuwa kamar yadda uban ɗan fari ke karɓa, ba hawaye, ba doguwar magana. Masu ta'aziyya suna cewa, "Allah ya ji ƙan Abdulsalam," shi kuma yana cewa, "Amin, Allah ya ji ƙansa." Dukanmu muka ɗauka magana ta ƙare: babu sauran abin da zai kira shi gida, zai zauna a gonarsa har Allah ya cika masa burinsa.

Bayan wata biyu sai ya sa mijin Bara'atu ya kai shi ya miƙa kansa ga hukuma, ya nemi fita ta dindindin.

Bara'atu ta yi kuka har muryarta ta dushe. "Abuya, haram alaik! Lokacin da yake kiranka ba ka je ba, sai yanzu? Wa ka sani a can? Ummi tana nan kwance a Baƙi'a, ni ina nan. Shekararka saba'in da huɗu!" Dattawan Hausawa suka je masa su biyar. Ɗaya daga cikinsu, wanda suka yi aikin Hajji tare a 1981, ya ce, "Haladu, ka haukace ne? Kana bakin ƙofa za ka juya?" Ya ba su shayi, ya gode musu.

Ya aiko a kira ni ranar Juma'a da hantsi, kwana biyu kafin tafiyarsa, ya ce in zo da littafin. Na same shi ya share daɓen, ya kafa turakun nan shida, waɗanda gara ta fara ci. Ya ce in karanta masa shafin. Na karanta tun daga jifar farko, gudu bayan gudu, har zuwa casa'in da bakwai. Ya ce in karanta abin da na rubuta a gefe da fensir. Ban san ya san da shi ba. Na karanta.

"Daidai ne," in ji shi. "Kada ka goge."

Na ga gwangwanin fenti a ƙofar ɗakin injin, na ce ko zai rubuta sunan a bango, tun da kowa ya san ɗarin nan tasa ce. Ya girgiza kai. Ya ce bangon na masu ɗari ne, shi kuwa casa'in da bakwai aka bar shi ya yi, ba zai rufe laifinsa da fenti ba. Ya roƙe ni in ba shi littafin ya kai wa Hibatullah, in ta girma a karanta mata. Na ba shi. Abin da ke hannuna yanzu kwafi ne da na yi.

Daga nan sai na yi masa tambayar da kowa ya yi masa bai amsa ba. Na ce, "Malam Haladu, shekara arba'in da biyu kana jiran Baƙi'a. Saboda ita ka ƙi tafiya lokacin da tafiyar za ta yi amfani. Yanzu ba wanda ke jiranka a can. Don me za ka tafi?"

Ya buɗe gwangwanin shayin, ya fito da 'yan itatuwan nan biyu, ya juya su a tafin hannunsa. Bai ɗora su a kan turakun ba. Ya mai da su aljihu.

"Hedimasta, sau biyu na tashe shi daga wasa lokaci bai yi ba. Na farko don kunyar idon mutane, na biyu don son wannan ƙasa. In na kwanta a cikinta yanzu, na san da abin da na saye ta. Uwarsa tana cikin maƙwabta na gari, ba ta bukatata. Shi kuwa yana can a garin da ko hanyoyinsa bai gama sani ba, babu wanda ya san shi yana yaro. Zan je in tsaya a kansa in yi masa addu'a, in kuma kira shi, tun da abin da ya roƙa ke nan."

Ya dubi dogon dabinon.

"Abdulsalam. Ka ji, Hedimasta? Ashe sunan ba shi da wani nauyi."